Idan yaƙi ya rufe gari da mutanensa a ciki: tambayoyi da amsoshi ga mazauna Injamena, Kuseri da garuruwan iyaka

Tambayoyin nan irin waɗanda magidanta, 'yan kasuwa da matan gida suke yi ne duk lokacin da aka ji ƙishin-ƙishin 'yan tawaye sun doso. An gina amsoshin a kan abin da ya faru a Injamena a 1979, 1980 da 2008, da Gamboru da Fotokol a 2014 da 2015, da kuma abin da mutanen Darfur suka gani tun 2023.

Mene ne bambancin ƙawanya da mamaya, kuma me ya shafi talaka da wannan bambanci?

Ƙawanya ita ce a kewaye gari daga waje, a hana shiga da fita, masu tsaron garin suna ciki. Mamaya kuwa garin ya riga ya faɗi, sabbin masu bindiga su ne hukuma. A ƙawanya abokin gabarka yunwa ce da ƙishirwa da harsashin igwa da ba ya tambayar sunan kowa. A mamaya abinci yakan dawo kasuwa, amma hatsarin ya koma kan sunanka, ƙabilarka, aikinka da abin da ke cikin wayarka.

Akwai tambayar da ta fi wannan muhimmanci: me masu yaƙin suke nema? Ranar 2 da 3 ga Fabrairun 2008 mayaƙan Mahamat Nuri da na Timan Erdimi fadar shugaban ƙasa a Injamena suka zo kamawa. An sha wuta, an wawashe shaguna, wani ɓangare na babbar kasuwa ya ƙone, amma cikin kwana biyu zuwa uku sun janye. A 1980 faɗan Hissen Habre da Gukuni Waddai ya raba Injamena gida biyu tun daga Maris har tsakiyar Disamba, wata tara cur. A Al-Junaina ta Darfur kuwa, a Sudan, a 2023, mutanen garin ne kansu ake farauta, musamman 'yan ƙabilar Masalit, kuma ƙwararrun Majalisar Ɗinkin Duniya sun ƙiyasta waɗanda aka kashe tsakanin 10,000 da 15,000. Na farko ana iya kwanta masa a ɗaki har ya wuce. Na biyu yana cinye guzurin kowa. Na uku ba a jiransa.

To a zauna ko a fita? Yaushe ake yanke shawara?

Tun kafin a ji harbin farko. Ƙofar fita takan kasance a buɗe kwanaki kaɗan, sannan ta tsuke, kuɗin mota ya ninka, daga baya ta rufe. Al-Fashir ta Darfur ta shiga ƙawanya a Mayun 2024, ba ta faɗi ba sai 26 ga Oktoban 2025. A watannin ƙarshe an zagaye ta da tudun ƙasa, duk mai fita sai ya bi ta gaban masu bindiga, ya biya, a tsare maza, sauran su taka kusan kilomita 60 zuwa Tawila. Wanda ya fita a watan farko da wanda ya fita a wata na goma sha bakwai ba hanya ɗaya suka bi ba, ko da taswira ta nuna ɗaya ce.

Alamun da ke cewa a tashi: an fara bi gida-gida ana tambayar ƙabila ko addini, an girke igwa ko motar yaƙi a unguwarku, gidanku yana maƙwabtaka da bariki, gidan rediyo, filin jirgi, gada ko fadar gwamnati, akwai mai ciki da ta kusa, ko mai ciwon da ba ya rayuwa sai da asibiti. Alamun da ke cewa a dakata: ana tsakiyar musayar wuta a titi, ba a san wanda ke riƙe da hanya ba, ko kuma dare ya yi. Mutane da yawa a kan titi suke mutuwa a sa'o'in farko, suna gudu ba su san inda suka dosa ba.

Ga mutumin Injamena mafita ita ce Kuseri ta Kamaru, a tsallaken kogi, amma a san halinta. Gadar Ngeli kan kogin Logon ana iya rufe ta a kowane lokaci, kuma a 2008 da mutum fiye da 20,000 suka yi mata ca, cunkoson kansa ya raba yara da iyayensu. A 1980 babu ma gadar, da kwale-kwale da jirgin fito aka yi ta tsallakewa. Daga Maris zuwa Mayu ruwan Shari yana ja baya, a Oktoba da Nuwamba kuwa yana cika maƙil, kwale-kwalen da aka yi wa lodin wuce kima ba ya yafiya. Kada a ɗora kaya a hana mutum wuri.

Hanya mai kyau ita ce raba gida: mata, yara da tsofaffi su riga tafiya da babba ɗaya ko biyu, a sa wurin haɗuwa takamaimai, gidan wane a unguwa kaza, da wuri na biyu in na farko bai yiwu ba. Kowane yaro a ɗinke masa ƙyalle a cikin riga mai sunansa, sunan mahaifi, unguwa da lambar waya biyu. Masu barin saurayi ya tsare gida su sake tunani, domin shi ne kowane ɓangare yake fara zargi.

Wane wuri ne ya fi aminci a cikin gida? Ko sai an haƙa rami?

A nemi wurin da bango biyu suka shiga tsakaninka da titi. Ɗakin tsakiya, lungu, ko ƙarƙashin matakala in gidan bene ne. A kwanta a ƙasa, nesa da taga da ƙofar ƙarfe. Gilashi a cire shi ko a rufe da bargo, domin tartsatsinsa yana raunata mutane fiye da yadda ake zato. Katangar ƙasa mai kauri ta fi bulon siminti mai rami a ciki tare harsashi. Rufin kwano kuwa ba ya tare komai, har harsashin da aka harba sama in ya dawo yana huda shi, shi ya sa kwanan tsakar gida ko saman soro saboda zafi yake zama haram a irin wannan lokaci. Buhunan hatsi da aka cika da yashi, a jera su biyu-biyu har tsayin ƙugu a jikin bangon da ke fuskantar titi, suna ƙara kariya sosai.

Rami yana da amfani idan igwa da jirage marasa matuƙi ne ke aiki, kamar yadda mutanen Al-Fashir suka yi ta haƙawa a tsakar gidajensu. A yi shi siriri, zurfin da babba zai durƙusa kansa bai fito ba, a lanƙwasa shi kamar gwiwar hannu don kada tartsatsi ya bi shi miƙe. A nesanta shi da katanga, saboda in ta rushe kada ta binne shi, da kuma masai. Abin da yakan ɓaci shi ne ruftawa: ƙasa mai yashi in zurfi ya wuce ƙirji tana zubowa, musamman da damina, don haka a tokare gefe da katako ko tsohon kwano. In an yi masa rufi da azara da ƙasa, a bar ƙofa biyu. A duba maciji da kunama kafin yara su shiga. Kada a shiga da garwashi.

Famfo ya ɗauke. Ruwa nawa gida yake bukata, kuma yaya za a gyara wanda aka samu?

Ruwan famfo wutar lantarki ce ke turo shi, in wuta ta tafi yakan bi ta cikin kwana ɗaya ko biyu, 'yan ga-ruwa kuma ba sa fitowa cikin harbi. Ma'aunin ma'aikatan agaji shi ne lita 15 ga kowane mutum a rana, sha da girki da wanka. In an matsu ana iya rayuwa da lita bakwai da rabi. Na sha kaɗai lita uku ne, a zafin Afrilu kuwa ya fi haka. Gidan mutum takwas ke nan yana shan jarka uku ta lita 20 a rana a ma'aunin matsi. Duk wanda ya ji labari ya fara ɓaci, aikinsa na farko kafin ya je kasuwa shi ne cika randa, tulu, duro da duk wani mazubi mai murfi. Taimama ta halatta ga wanda ruwansa na sha ne kawai, kada a yi ta wahalar da yara saboda alwala.

Ruwan kogi, na tafki da na rijiya marar murfi ba a shan sa haka nan. In ya yi dauɗa a fara kwantar da shi da alif, ko garin ƙwayar zogale ɗaya ga lita ɗaya ko biyu, a bar shi sa'a guda, a tsiyaye na sama ta ƙyalle mai tsabta. Wannan wanke ido ne kawai, bai kashe ƙwayar cuta ba. Kashewa hanya uku ce. Tafasawa: ya yi minti ɗaya yana ɓararraka, amma tana cin itace. Javel, wato ruwan bilic, marar turare: a duba ƙarfinsa a jikin kwalba, mai kashi 2.6 cikin ɗari ɗigo huɗu a lita, mai kashi 5 ko 6 ɗigo biyu, a girgiza, a jira minti 30. In ba a ji ɗan warinsa ba, a maimaita sau ɗaya. Javel da ya daɗe a rana ya rasa ƙarfi, nan ne mutane ke ruɗuwa su ɗauka sun gyara ruwa. Ƙwayar tsabtace ruwa ta Aquatabs mai miligiram 67 tana isar jarkar lita 20 in ruwan garau ne. Hanya ta uku rana ce, wadda ba mu rasa ta: gorar roba fara tas, wadda ba ta wuce lita biyu ba, a kwantar da ita kan kwano sa'a shida, in da hadari kwana biyu.

Yawancin ruwa a cikin gida yake lalacewa, ba a rijiya ba. Moɗa ɗaya da kowa ke tsoma hannu da ita cikin randa ta isa ta raba wa gida gudawa. Jarka mai ƙaramin baki ta fi, ko a ɗaura wa moɗar doguwar mariƙa. Masai ya nisanci rijiya da aƙalla mita 30. Toka tana maye gurbin sabulu wajen wanke hannu.

Wurin ɗiban ruwa kuma wurin mutuwa ne, domin nan ake taruwa. A je da asuba, mutum biyu, ba a yin dogon layi, ba a aika yarinya ita kaɗai.

Abinci fa? Me za a saya, kuma nawa?

Babba yana bukatar abin da ya kai giram 400 zuwa 450 na hatsi a rana, wake giram 60, mai cokali biyu manya, gishiri giram 5. Koron gero yana kusan kilo biyu da rabi, saboda haka gidan mutum takwas yana cin koro ɗaya da rabi a rana, buhu mai kilo 100 ya kai su mako huɗu. Wanda ya san wannan lissafi ya san ranar da zai ƙare, ba ya wayar gari ya ga ƙasan buhu.

Kuskuren da aka fi yi shi ne tara tsabar hatsi a manta injin niƙa ba ya aiki ba mai. A niƙa wani kaso tun da wuri, a kuma tabbatar akwai turmi ko dutsen niƙa a unguwa. Gari yana yin tsutsa da wuri, kada a niƙe duka. A fifita abin da ba ya son dogon girki: garin rogo, gyaɗa, ƙuliƙuli, dabino, sukari, busasshen kifi, sharmut (busasshen nama), kuka, busasshiyar kuɓewa, daddawa. Mai shi ne abin da ya fi ƙarfi a ƙaramin mazubi, kuma shi da gishiri da sukari su ke fara ɓacewa a kasuwa. A raba ajiya wuri uku. Masu wawashe gida in suka samu buhu a fili sukan tafi, in ba su samu komai ba sai su fara dukan maigida.

Rage cin abinci a fara shi tun ranar farko, ba sai an ga ƙarshe ba. Amma ba a rage wa mai shayarwa da yaro ɗan ƙasa da shekara biyar.

In gas da gawayi sun ƙare?

A jiƙa wake tun dare, a sa 'yar kanwa, a rufe tukunya. In ta tafasa minti goma zuwa sha biyar a sauke, a naɗe ta da bargo cikin kwando, za ta ƙarasa da zafinta cikin sa'o'i uku ko huɗu. Gida uku su haɗa wuta ɗaya. Kada a kunna gawayi ko janareta a rufaffen ɗaki: iskar da ke fita ba ta da wari, tana fara da ciwon kai da jiri, ta kashe mutane cikin barci.

Kuɗi a hannu ko a waya?

Duka biyu, amma na hannu ya fi, kuma ƙananan takardu, 500 da 1000 da 2000. Mai takardar 10,000 a ranar da babu canji, duk abin da ya saya 10,000 ne kuɗinsa. Sa'ar mutanen wannan yanki ita ce sefar Cadi ita ce ta Kamaru, ba a bukatar ɗan canji a Kuseri. Airtel Money da Moov Money suna da amfani matuƙar layi na aiki kuma wakili yana da tsaba. A Sudan mutane sun rayu da manhajar Bankak, dangi na waje suna turo kuɗi, amma duk lokacin da aka katse layi sai an biya masu Starlink, intanet ta tauraron ɗan'adam, kafin a taɓa kuɗin, masu ba da tsaba kuma suna yankar kaso mai tsoka. A raba kuɗi a jikin mutum biyu ko uku, a ware ɗan abin da za a miƙa a shinge ba tare da an kwance ɗaurin gaba ɗaya ba. Zinaren mata a ƙawanya ana sayar da shi da asara, gara a canza kaɗan tun kasuwa na da rai.

Takardu ma dukiya ne: katin ɗan ƙasa, takardar haihuwa, takardar fili, katin rigakafi. A naɗe su a leda biyu, a ɗauki hotonsu a tura wa ɗan'uwa a Marwa ko Garwa.

Wani ya ji rauni, ba hanyar asibiti. Me za mu yi?

Jini ne ke kashewa da sauri. A danna ƙyalle mai tsabta kan raunin da ƙarfin gaske minti goma ba ɗagawa don leƙe. In ya jiƙe a ƙara wani a kai. Rami mai zurfi a cinya ko hammata a cusa ƙyallen ciki sannan a danna. In hannu ne ko ƙafa, jini yana tsartuwa ya ƙi tsayawa, a ɗaure sama da raunin da kamar faɗin yatsu uku, ba a kan gaɓa ba, da ƙyalle mai faɗi kamar ɗankwali da aka ninka, a sa sanda a murɗa har jinin ya tsaya. Igiya ko waya suna yanka nama ba su tsayar da jini ba. A rubuta lokacin a jikin mutumin, kada a riƙa sassautawa, a nemi likita cikin sa'a biyu in da hali. Ba a ciro ƙarfen da ya nutse. Wanda aka harba a ciki ba a ba shi ruwa ko abinci, a jiƙa masa leɓe kawai. Toka, ƙasa, man birki da garin magani ba sa shiga rauni, ruwan da aka tafasa da ɗan gishiri ya wadatar.

Masu ciwon sukari, hawan jini da mata masu ciki fa?

Su ne waɗanda ƙawanya ke ɗauka shiru, ba a lissafa su cikin mamatan yaƙi. Duk mai shan magani kullum, na hawan jini, farfaɗiya, tarin fuka ko ƙanjamau, ya nemi na wata biyu ko uku, ya rubuta sunan maganin da adadinsa a takarda. Insulin ba dole sai firij ba: a sa shi a leda cikin ƙaramin tulu, a sa tulun cikin jiƙaƙƙen yashi a inuwa, kwalbar da aka buɗe tana kai kusan mako huɗu. Mai allurar insulin da abincinsa ya ragu yana iya faɗuwa saboda sukari ya yi ƙasa, a ajiye masa dabino ko sukari kusa.

Mai ciki ta tanadi sabuwar reza, zare da aka tafasa, sabulu, leda mai faɗi da zannuwa masu tsabta, a kuma san gidan ungozoma mafi kusa da hanyar da za a bi ta cikin gidaje. A sa jariri a nono nan take, yana taimaka wa mahaifa ta tsuke. Jini mai yawa bayan haihuwa, jijjiga, ko naƙudar da ta wuce sa'a goma sha biyu, waɗannan sun cancanci a ɗauki kasadar fita.

Yaya ake gane yaro ya shiga hatsari?

Gudawa ce ke fara kayar da shi. Lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, ƙaramin cokali shida na sukari a shafe, rabin ƙaramin cokali na gishiri, a riƙa ba shi kaɗan-kaɗan ko yana amai. Gishirin in ya yi yawa cutarwa yake, a ɗanɗana, kada ya fi hawaye. Ba a daina ba da nono. Madarar gwangwani da ruwa marar tsabta ta fi yunwa saurin kisa.

Tamowa kuma ana auna ta a damtse. Yaro daga wata shida zuwa shekara biyar, in kaurin tsakiyar damtsensa bai kai santimita 11.5 ba, yana cikin hatsari mai tsanani. A danna bayan ƙafafunsa biyu da yatsa daƙiƙa uku, in gurbi ya zauna, wannan kumburin yunwa ne ko da yaron ya yi kama da mai ƙiba. Irin wannan yaro ba a cika masa ciki lokaci ɗaya, kunu mai ɗan mai da gyaɗa ake ba shi sau shida zuwa takwas a rana. A Al-Fashir mutane sun koma cin ambaz, wato tunkuzar da ake ba dabbobi. In ta kai ga haka, a guji wadda ta yi fumfuna, domin dafinta yana lalata hanta kuma wuta ba ta kashe shi.

Garin ya faɗi hannunsu. Yaya ake zama da su?

Kwanakin farko su ne mafi muni: ganima, ramuwar gayya, neman sojojin da suka tuɓe kaki. A zauna ciki. A fitar da duk abin da ya yi kama da na soja daga gida, takalmi, bel, wando mai ruwan ganye, hoton ɗan'uwa da kaki. Waya ita ce takardar tuhuma ta wannan zamani. A goge hotunan gawa da na faɗa, a fita daga zaurukan WhatsApp na siyasa, a sauya sunan da aka adana da muƙamin soja. Wayar da aka share tas ita ma tana jawo tambaya, a bar mata hotunan biki da lambobin dangi.

A shinge a rage tafiya, hannuwa a fili, a cire baƙin tabarau, da dare a kashe fitilar gaba a kunna ta ciki. Mutum ɗaya ya yi magana, dattijo ya fi, ya amsa abin da aka tambaya kawai. Ba a gudu, ba a gardama kan babur ko waya. Yaron da ke riƙe da bindiga, ko sa'an jikanka ne, a lallaɓa shi, don ya fi babba saurin harbi. Baki shi ke yanka wuya: a irin wannan lokaci tsohuwar rigimar fili ko ta bashi takan koma tsegumi wurin masu bindiga.

Kowace mamaya da dokokinta. Da Boko Haram ta kama Gamboru da Gwoza a Agustan 2014, sutura, fita da salla duk sun koma abin hukunci, samari ana tilasta musu shiga, 'yan mata ana aurar da su dole. A irin wannan, mai ɗa saurayi ko budurwa ba shi da abin jira. Kuma tsallake iyaka ba ya nufin an tsira: kwana ɗaya bayan sojojin Cadi sun shiga Gamboru, ranar 4 ga Fabrairun 2015, mayaƙan Boko Haram suka faɗa Fotokol ta Kamaru suka kashe mutane har cikin masallaci. A matsa ciki, kada a yada zango a bakin gada.

Sun ce in ci gaba da aikina. In na yi, ba za a kira ni ɗan kanzaginsu ba?

Za a iya. Mamaya tana ƙarewa, waɗanda suka dawo kuma suna zuwa da jerin sunaye. Ma'aikacin jinya, mai gyaran famfo da mai gidan burodi aikinsu na jama'a ne, kuma ana iya kare shi. Abin da ba ya wankuwa shi ne nuna gidan wani, karɓar muƙami, karɓar haraji a madadinsu, da sayen kayan ganima komai arharsu. Wanda aka tilasta wa aiki ya sanar da liman ko bulama da wasu dattawa biyu tun a lokacin, don su zama shaidu gobe.

Idan an ci zarafin mace?

A kai ta wurin ma'aikacin lafiya cikin sa'a 72, domin a cikin wannan lokaci ne maganin kariya daga ƙanjamau yake aiki. Na hana ɗaukar ciki yana kai kwana biyar. Ɓoyewa saboda kunya ita ce ke cinye waɗannan kwanaki. Laifin na wanda ya aikata ne, kuma miji ko uban da ya juya mata baya ya ƙarasa wa maharan aikinsu ne.

Yaya za a yi da mamaci in ba a iya zuwa maƙabarta?

Gawar wanda harsashi ya kashe ba ta haddasa annoba, saboda haka ba dalilin jefa mutane rami ɗaya cikin gaggawa ba suna. Ta mai amai da gudawa ce ke bukatar safar hannu da ruwan Javel. In dole a binne a gida ko fili, zurfi ya kai mita ɗaya da rabi, nesa da rijiya gwargwadon iko. A rubuta suna, rana da wuri a littafin liman. Wanda ba a sani ba a ɗauki hoton fuskarsa, a adana abin da ke aljihunsa. Jana'iza ta zama ta mutane kaɗan. Taro yana jawo wuta, kamar yadda jirgi marar matuƙi ya kashe mutum fiye da 70 a masallaci lokacin sallar asuba a Al-Fashir a Satumban 2025.

Unguwa za ta iya yin wani abu tare, ko kowa tasa ta fisshe shi?

Abin da ya riƙe Khartum da Omdurman bayan hukuma ta watse a Afrilun 2023 shi ne matasan unguwa da ɗakunansu na agajin gaggawa, da tukwanen gayya da suke kira takaya, inda ake dafa wake ko fate a raba wa layi guda. Tsarin ba shi da wuya: a san gida nawa ne, wa ke da rijiya, wa ke da faifan sola, ina ma'aikaciyar jinya take, wane tsoho ne ba shi da kowa. A huda katanga tsakanin gidaje don a riƙa wucewa ba a taka titi ba. A riƙe rediyo mai batir, a saurari sashen Hausa na BBC, RFI da DW, a gwada da abin da gidan rediyon gwamnati ke faɗa. Littafin kuɗin tukunya ya kasance a fili. Sharaɗi ɗaya ne ba a sassauta shi: ba bindiga a wurin girki, ba a kuma karɓar kyautar da za ta sa a ce tukunyar ta wani ɓangare ce, domin masu wannan aiki a Sudan ɓangarorin yaƙin biyu duk sun kama su.

Akwai dokar da ta hana a kashe gari da yunwa?

Akwai. Sashe na 3 na Yarjejeniyoyin Janiba na 1949 ya shafi yaƙin basasa, ƙarin yarjejeniya ta biyu ta 1977 kuma, a sashe na 14, ta haramta amfani da yunwa a kan farar hula. Kwamitin Sulhu ya nanata haka a ƙuduri mai lamba 2417 a 2018, a Yunin 2024 kuma ya fitar da mai lamba 2736 yana cewa a janye ƙawanyar Al-Fashir. Ba a janye ba. Kada kowa ya tsara rayuwar iyalinsa a kan takardar da aka sa wa hannu a Niyok.

Amfanin doka yakan zo a makare, kuma da rubutu yake zuwa. Habre ya faɗi daga mulkin Cadi a Disamban 1990, sai 30 ga Mayun 2016 kotu a Dakar ta yanke masa ɗaurin rai da rai, da shaidar waɗanda suka tsira da takardun 'yan sandan sirrinsa na DDS. Wanda aka kama masa ɗan'uwa ya rubuta rana, wuri, irin mota da kakin waɗanda suka zo, ya ɓoye takardar ba a waya ba, ya kai sunan ga Red Cross, wadda ke da sashen neman waɗanda suka ɓace.

Harbi ya tsaya. Yaushe za a koma gida?

Ba ranar farko ba, ba kuma da iyali duka ba. Babba ɗaya ya je ya gani, ya tambayi waɗanda suka zauna wa ke riƙe da unguwar da dare. A bi hanyar da ƙafa da mota suka riga suka taka. Ƙofar da aka samu a rufe ba yadda aka bar ta ba, kada a banka ta. Duk wani ƙarfe da ba a sani ba, ko ƙarami kamar gwangwanin tumatir, ba a taɓa shi, ba a jefe shi da dutse, ba a kai shi wa masu gwangwan. A kewaye wurin da duwatsu ko jan ƙyalle daga nesa, a gaya wa bulama da maƙwabta, a nuna wa yara da hannu cewa nan ba wurin wasa ba ne. Kada a ƙona shara ko ciyawar tsakar gida kafin a duba ta, zafi yana tayar da harsashin da ya kwanta. Rijiya a leƙa ta da tocila, a kwashe ruwanta gaba ɗaya, a zuba Javel, a bar ta kwana ɗaya, a sake kwashewa kafin kowa ya sha.